Caster Semenya da mita 800: inda rigimar ta samo asali

Tun da aka fara gwajin ƙwayar halitta ta SRY (wadda ke sa jiki ya ɗauki siffar namiji) ga mata 'yan tsere a Satumbar 2025, muhawara kan wa ya cancanci shiga tseren mata ta sake tashi, kuma sunan Caster Semenya ta Afirka ta Kudu ne a bakin kowa. Masu sauraro da yawa sun ɗauka sabon abu ne, alhali tushensa ya haura shekara goma.

Farkon labarin sananne ne. A gasar duniya ta Berlin, 2009, tana 'yar shekara 18 ta ci mita 800 cikin minti 1 da daƙiƙa 55.45, aka dakatar da ita wata goma sha ɗaya ana binciken jinsinta. A 2011 hukumar wasannin guje-guje ta duniya ta kafa doka: macen da jikinta ke samar da sinadarin testosteron mai yawa sai ta sauke shi ƙasa da nanomol (ma'aunin yawan sinadari) 10 a kowace litar jini.

Inda akalar ta juya, wanda ba a cika ambata ba, shari'ar wata ce daban. Dutee Chand, 'yar Indiya mai gudun mita 100 da 200, ta kai ƙara kotun wasanni da ke Lausanne. A Yulin 2015 kotun ta jingine dokar na shekara biyu. Hujjar kotun ita ce, tazarar maza da mata a gudu tana kaiwa kashi 10 zuwa 12 cikin ɗari, to nawa ne fifikon waɗannan matan? A kawo shaida. Daga ranar tambayar ta zama ta lissafi, kuma lissafi mai wa'adi.

Amsar ta fito a 2017, daga samfurin jinin da aka ɗiba a gasar duniya ta 2011 da 2013. An ga mata masu yawan testosteron na da fifikon kashi 1.8 zuwa 4.5 a wasanni biyar kacal: mita 400, mita 400 na tsallake shinge, mita 800, jifan guduma da tsallen sanda. Mita 800 ne ma mafi ƙaranci. Matsalar irin wannan bincike ita ce yana nuna abu biyu sun zo tare, ba ya tabbatar da ɗaya ne ya haifar da ɗaya, kuma gyaran binciken da aka buga a 2021 ya faɗi hakan.

A kan wannan ne dokar 2018 ta tsaya: a sauke sinadarin ƙasa da nanomol 5, wata shida a jere, ga masu gudu daga mita 400 zuwa mil ɗaya. Chand ta fita daga ciki, tunda gajeren zango take gudu. Semenya, wadda ta ci zinare a Rio 2016 ba tare da magani ba, ta faɗa tsakiya. Sauke sinadarin kuwa ba wasa ba ne: ƙwayoyin tsarin iyali kullum, ko allura, ko tiyata, ga ɗibar jini ba sanarwa. Ta ce ta sha a baya ya jigata ta, ba za ta koma ba. Ta sha kaye a Lausanne a Mayun 2019, alƙalai biyu suka rinjayi ɗaya.

Ba ita kaɗai ba. Francine Niyonsaba ta Burundi ta koma mita 5,000, Aminatou Seyni ta Nijar ta bar 400 ta koma 200. A Maris 2023 wannan mafitar ma ta toshe: nanomol 2.5, wata 24, a kowane wasa. Ko da kotun kare haƙƙin ɗan'adam ta Turai ta ce a Yulin 2025 kotun Switzerland ba ta saurari ƙarar Semenya yadda ya kamata ba, hukuncin bai taɓa dokar ba, kuma a lokacin Semenya na da shekara 34.