Wayar faiba a zafin Jidda: tambayoyi da amsoshi

'Yan uwanmu masu gadi da kula da gidaje a Jidda da Makka sun sha ganin ma'aikatan kamfanonin sadarwa na stc ko Mobily suna jan wayar intanet ta faiba a jikin gini. Ga tambayoyin da 'yan uwan namu suka fi yi.

Mene ne a cikin wayar?

Zaren gilashi ne, siriri kamar silin gashi, kaurinsa maikiron 125 (maikiron kashi ɗaya ne cikin dubu na milimita). Haske ne ke bi ta cikinsa ɗauke da saƙo, babu lantarki. Duk kaurin da kake gani riguna ne aka yi masa.

Rana ba ta narkar da ita?

Gilashin bai san ana yi ba, kuma yawancin wayoyin waje suna jure zafi har digiri 70. Rigar ce ke shan wuya. Shi ya sa wayar waje baƙa ce: an cakuɗa robarta da baƙin kabon don ta tare hasken da ke cinye roba. Rawayar nan mai laushi kuwa ta cikin ɗaki ce. Wani don neman sauƙi sai ya ja ta a saman rufi, nan da wani lokaci ta farfashe kamar tsohon bokitin da aka manta a tsakar gida. Araha dai ba ta ado.

Ƙasar da ruwa ba ya yawan sauka, me ya kawo maganar ruwa?

Wanda ya ga ambaliyar Jidda ta Nuwamban 2009 ko ta Janairun 2011 ba zai yi wannan tambayar ba. Ruwa kan cika ramukan wayoyi ya kwana ciki. Wayar kirki tana da wani mai mai danƙo a ciki, ko zaren da ke kumbura ya toshe hanya da zarar ya jiƙe. Amma inda ruwan ya fi shiga shi ne mahaɗa, don haka akwatin haɗi na ƙarƙashin ƙasa ya zama mai lambar IP68, wato wanda ƙura da ruwa ba sa shiga, robar murfinsa ta zauna daram. Iskar Bahar Maliya kuma gishiri gare ta, ƙusa da maƙalin ƙarfe ba sa daɗewa sai tsatsa. Kafin wayar ta shiga bango, a bar ta ta ɗan yi ƙasa sannan ta hau, don ruwa ya ɗiga a waje.

Idan binnewa za a yi fa?

A sa ta cikin bututu, zurfin kamar santimita 60 ko fiye, a shimfiɗa ledar gargaɗi a samanta saboda masu haƙa. Inda ɓeraye suke, a nemi mai sulken ƙarfe.

Me ya sa suke hana a naɗe ta sosai?

Idan lanƙwasa ta yi tsanani haske yana zurarewa, gilashin ma na iya tsagewa alhali riga lafiya lau. Ƙa'idar masu aikin: faɗin kwanar daga tsakiya ya kai kaurin wayar sau 20 lokacin ja, sau 10 bayan ta zauna.

Ta tsinke, in ɗaure da salatif?

Malam, ba wayar fanka ba ce. Na'ura ce ke daidaita bakunan biyu ta narkar da su su haɗe. Idan jar fitilar LOS, mai nuna saƙon hasken ya yanke, ta kama a akwatin intanet, kira kamfanin. Kada ka leƙa bakin wayar, hasken ba ya ganuwa amma yana iya lahanta ido. Ka rufe bakin mahaɗin da hularsa kafin su zo, domin ƙwayar ƙura ɗaya ta isa ta tare hanyar hasken da ke tsakiyar gilashin, wadda faɗinta maikiron 9 ne kacal.