Waiwaye: yadda aka yi ta rarraba dazukanmu a takarda, da itatuwan kan dutse da ake tsallakewa

Tun kafin zuwan Bature manomi da makiyayi a ƙasar Zamfara suna da nasu rabon ƙasa, kuma ruwa da irin ƙasar wurin suke dubawa. Kurmi daban, inda inuwa ta haɗe a bakin rafi, sarƙaƙiya daban, ga saura inda sabara da kalgo ke tasowa bayan an bar gona ta huta, ga fako, ga jigawa, ga fadama. Kan dutse ma an san nashi itatuwan, hano mai saɓulewar ɓawo da kukkuki da gamji da ke cusa saiwa cikin tsagin dutse. Wanda ya bi ta Kwatarkwashi ko tuddan Zuru da damina ya san abin da nake nufi.

Da mulkin mallaka ya zo sai lissafin ya koma na katako da doka. Dokokin daji na 1916 da 1937 su suka ba da ƙarfin shata gandun daji, aka sa malaman daji suna tsaro, wanda ya sari itacen da aka hana a ci shi tara. A gandun Zamfara ƙauyuka irin su Dumburum da Shamushalle sai suka zama tsibiri a tsakiyar daji, an shata masu iyakar noma. A 1965 kuma gwamnatin Arewa ta yi dokar makiyaya, nan wuri guda ya fara amsa suna biyu, wani ya ce gandu ne wani ya ce makiyaya ce, ni dai a ganina wani sashe na rigingimun da muke ciki yau daga wannan ruɗanin ya faro.

Ta ɓangaren masana, wani Bature mai suna Keay ya fitar da rabon tsirran Najeriya a 1949, shi ne wannan da aka koya mana a makaranta, Sahel can sama, sai yankin da ya kira Sudan inda yawancin Zamfara da Kebbi suka faɗa, sai wanda ya kira Gini ta arewa wajen Dansadau da Zuru inda doka ta yi yawa. A 1956 aka yi taro a Yangambi ta ƙasar Kwango don a daidaita sunayen nau'in daji a Afirka, a 1983 kuma hukumar ilimi ta Majalisar Ɗinkin Duniya, UNESCO, ta buga taswirar tsirran Afirka ta wani masani mai suna Frank White. Aiki ne mai kyau wallahi, amma matsalarshi layi ne ake ja daga yamma zuwa gabas bisa yawan ruwan sama, shi kuwa dutse ba ruwanshi da layi, gefen da rana ke duka tsirara ne, ka zagaya kwarin da ruwa ke gangarowa ka tarar da marke da tsamiya sun yi duhu, duk cikin tafiyar da ba ta kai ta shan shayi ba. Haka abin yake a duwatsun Azbin na Nijar, inda dutsen Bagazan ya haura mita 2,000, a taswira hamada ce amma cikin koramu akwai itatuwa da garake.

Sai kuma zancen awo. Hukumar abinci ta Majalisar Ɗinkin Duniya, FAO, ta ce kafin a ƙirga wuri a matsayin daji sai ya wuce rabin hekta, itatuwan su wuce mita 5, inuwarsu ta rufe fiye da kashi 10 cikin ɗari na ƙasar. Najeriya a nata ma'aunin ta sauko da tsawon zuwa mita 3 amma ta ɗaga inuwar zuwa kashi 15. To geza da dashi da ke manne a gangaren dutse fa? Da yawa ba su kai tsawon ba, ba su haɗa inuwar ba, alhali su ke riƙe ƙasar kada ruwa ya kwashe ta zuwa gonakin da ke ƙasa, su ne abincin awaki da bazara, su ne maganin gida. Abin da bai shiga lissafi ba kuwa idan mai gawayi ya share shi babu rahoton da zai ce an yi asara, wannan shi ke ci min rai.

Tauraron ɗan adam ma da aka dogara da shi ya daɗe yana kuskure a ƙasa irin tamu, saboda da rani itatuwan sun zubar da ganye, launinsu ya saje da dutse. A 2017 da masana suka sake duba busassun yankunan duniya da hotuna masu kaifi sai suka gano hekta miliyan 467 na daji da ba a taɓa ƙirgawa ba. A 2020 wasu kuma suka ƙirga itatuwa ɗaya bayan ɗaya a yammacin Sahara da Sahel, suka samu sama da biliyan 1.8.

Amma hoto ba zai gaya maka wannan madobiya ce ko ƙirya ba, sai an taka da ƙafa. Yanzu kuwa dajin Kuyambana da ya haɗe da Kamuku ta Birnin Gwari, wane malamin daji ne zai shiga da tef da littafi ya yi awo, tunda rashin tsaro ya hana ko mutanen ƙauyukan gefen shiga neman itacen girki.