Mariƙin Gaba na Bindiga: Zaɓensa da Ɗaura Shi

Duk mai kallon hotunan sojojin Amurka ko gasar harbin saiti da ake yi a can ya san ɗan guntun abin nan da ke rataye a ƙarƙashin gaban bindiga, wanda maharbi ke dafawa da hannun da ba ya jan kunama. Shi ake kira mariƙin gaba. Kasuwarsa ta fi ci a Amurka, inda farar hula ke mallakar bindiga samfurin AR-15 bisa doka don gasa da farauta, saboda haka yawancin bayanin nan a can ya tsaya.

Mene ne aikinsa, kuma daga ina ya samo asali?

Aikinsa ya ba wa hannun gaba wurin zama tabbatacce, yadda maharbi zai janyo bindiga ta zauna daram a kafaɗarsa, bakinta kuma ya rage ɗagawa sama bayan kowane harbi. Yana kuma nisanta tafin hannu da zafin bututu.

Ba sabon abu ba ne. Bindigar Thompson ta 1921 ta fito da mariƙin katako a tsaye mai gurbin yatsu. Ƙasar Romaniya ta ƙera nata samfurin Kalashnikov, PM md. 63, da mariƙi na katako da aka sassaƙa haɗe da murfin ƙasa na bututu, Hangari ma ta sa wa AMD-65 nata. Steyr AUG ta Ostiriya, wadda ta fito a ƙarshen shekarun 1970, tana da wanda ake naɗewa.

Amma abin da ya yaɗa shi a duniya ya faru ne a shekarun 1990, lokacin da dakarun musamman na Amurka suka fara amfani da kayan da ake kira SOPMOD a kan bindigar M4. Murfin bututun M4, wato abin da ke lulluɓe bututun inda hannun gaba ke kamawa, gajere ne, tsawonsa kamar inci 7. Da aka jera masa tocila da na'urar saiti mai hasken leza, sai hannu ya rasa inda zai kama. Mariƙin tsaye na kamfanin Knight's Armament shi ya warware wannan matsala. Wannan tarihi yana da amfani ga mai saye, domin yana nuna cewa ƙarancin wuri ne ya haifi abin. Mai bindigar da murfinta ya kai inci 13 ko 15, babu tocila babu komai a kai, ba lallai ne yana da matsalar da aka ƙirƙiro mariƙin dominta ba.

Shin yana sa bindiga ta fi dacewa da saiti?

A'a. Inda harsashi zai faɗa ya dogara da ingancin bututu da harsashi da hannun mai harbi. Taimakon mariƙi yana bayyana ne a harbi na biyu da na uku, wato saurin komowar bakin bindiga kan abin da aka saita, da kuma rage gajiyar wuyan hannu ga wanda zai daɗe a tsaye.

Iri nawa ne, kuma wanne ya dace da wa?

Ana iya kasa su uku, sai wani na huɗu da ke gefe.

Na farko mariƙin tsaye, mai sauka kai tsaye daga ƙarƙashin murfin bututu. Akwai dogo da tafin hannu ke naɗe shi gaba ɗaya, akwai gajere. Dogon ya dace da bindiga mai nauyin gaba ko wadda ke saurin ɗaukar zafi. Illarsa ita ce idan aka damƙe shi duka, hannu yana yin nisa da layin bututu, sai bindigar ta riƙa karkata hagu ko dama yayin da ake sauya saiti. Shi ya sa yawancin masu gasa a yau ba sa damƙar sa haka. Suna kama murfin bututun ne da kansa, babban yatsa a sama ko a gefe, sai ƙaramin yatsa da gefen tafin hannu su jingina da mariƙin suna jan sa baya. Ga mai irin wannan riƙo, gajeren ya wadatar, dogon kaya ne kawai da zai riƙa maƙalewa a jaka da maratayi.

Na biyu mariƙi mai gangare, wanda samfurin AFG na kamfanin Magpul ya yi wa suna. Yana kwance ne a karkace, saboda haka wuyan hannu ba ya lanƙwashewa sosai, hannu kuma yana kusa da bututu. Mutanen da wuyan hannunsu ke ciwo sukan ji daɗinsa. Sai dai yana cin wuri mai tsawo a ƙarƙashin murfi, kuma ba ya kare hannu daga zafi kamar na tsaye.

Na uku ɗan tokare ne kawai, wanda bai kai a kira shi mariƙi ba. Ɗan tudu ne da ke tsayar da hannu a wuri ɗaya. A gajeriyar bindiga yana da muhimmanci ƙwarai, don shi ke hana hannu zamewa gaba ya wuce bakin bututu. Ni a ganina, wanda bai san abin da yake so ba tukuna, da wannan ko gajeren na tsaye ya kamata ya fara. Ba su da nauyi, ba su da tsada, kuma ba sa tilasta wa mutum sauya yadda ya saba riƙo.

Na huɗun shi ne mai ɓoye ƙafafu biyu a cikinsa, irin Grip Pod da sojojin Amurka suka yi amfani da shi a Iraƙi da Afganistan. Ana danna maɓalli ƙafafun su fito a kafa bindiga a ƙasa. Dabarar tana da kyau, amma abin yana da tsawo da nauyi, kuma bai kai ƙafafun bindiga na ainihi tsayuwa ba.

Roba ko ƙarfe?

Roba mai tauri ta ishi kusan kowa: ba ta da nauyi, ba ta saurin ɗaukar zafi ko sanyi. Na alminiyom ya fi jure duka, amma yana jawo zafin murfi zuwa tafin hannu. Abin da ya kamata a guje wa shi ne jabun kaya da waɗanda aka yi don bindigogin wasa masu harba ƙwallon roba. Kamanninsu ɗaya da na gaske, amma sukurunsu ba ya jure girgizar harbi.

Ta yaya zan san zai shiga bindigata?

A nan ne mutane suka fi yin asarar kuɗi. Kafin a duba siffar mariƙi, a duba murfin bututun tukuna, domin hanyoyin ɗaurawa uku ne kuma ba sa shiga juna.

Layin Picatinny shi ne mafi tsufa. Sojojin Amurka sun amince da shi a 1995 a ƙarƙashin lamba MIL-STD-1913. Tudu ne mai tsaga-tsaga a jere kamar matakan tsani, faɗinsa kusan milimita 21, tazarar tsaga da tsaga kuma kusan milimita 10. Yana da ƙarfi, amma yana da nauyi da kaifi a hannu.

KeyMod ya fito a 2012, ramukansa masu siffar ramin makulli ne. M-LOK na Magpul ya biyo baya a 2014, da dogayen ramuka masu tsawon milimita 32 da faɗin milimita 7. A 2017 aka fitar da sakamakon gwajin da cibiyar sojan ruwa ta Crane da ke jihar Indiyana ta yi wa su biyun don dakarun musamman, inda M-LOK ya fi KeyMod jure faɗuwa da ja. Daga nan masana'antu suka karkata gare shi, har ya zama yawancin sabbin murafe da shi suke fitowa. Wanda murfinsa M-LOK ne amma mariƙin da yake so na Picatinny ne, zai iya ɗaura ɗan guntun layi a tsakani, sai dai hakan ƙarin nauyi ne da ƙarin sukurun da zai iya kwancewa. Gara a sayi wanda ya dace kai tsaye.

A ina daidai za a ɗaura shi?

Wannan tambaya ta fi ta zaɓen iri muhimmanci, kuma ita aka fi yi wa gaggawa. Mariƙi mai tsada da aka ɗaura a gurbin da bai dace da tsawon hannun mai shi ba, cutarwa zai yi.

Bayan an tabbatar babu harsashi a bindiga, mutum ya gyara tsawon gindinta yadda ya saba, ya ɗora ta a kafaɗa, ya bar hannun gaba ya sauka inda ya ga dama ba tare da ya kalla ba. Ya sauke, ya sake ɗagawa, ya maimaita har ya ga inda hannun ke komawa da kansa. A nan za a sa alama da ɗan salatif. Gwiwar hannu ta kasance da ɗan lanƙwasa. Idan mariƙin ya yi gaba da yawa, hannu zai miƙe sambal, kafaɗa ta gaji cikin ƙanƙanin lokaci, bakin bindiga ya fara rawa. Idan ya matso kusa da gidan harsashi sosai, nauyin gaba zai rinjayi hannu, kuma yana iya tare hanya wajen sauya gidan harsashin, musamman a samfurin Kalashnikov da ake lanƙwaso nasa gaba kafin ya fita.

Kada kuma a gwada a tsaye kaɗai. A durƙusa, a kwanta rub da ciki, a ga ko mariƙin yana tokarar ƙasa. Mai tocila ya duba ko babban yatsansa na kai wa ga maɓallinta ba tare da ya saki riƙo ba. Mafarauci da ke ɗora gaban bindiga a kan reshe ko jakar yashi ya bar wa wannan wuri fili.

To yaya ake ɗaurawar?

Farkon komai a cire gidan harsashi, a ja sakata baya, a leƙa cikin maƙogwaron bututu da ido, a taɓa da yatsa, a fitar da harsasai daga ɗakin da ake aikin. Bakin bindiga ya kalli inda babu mutum har a gama.

A kan Picatinny, ana sassauta sukurun da ke ratsa mariƙin, a zura shi ko a ɗora shi a kan layin, a daidaita sukurun da tsagar da aka zaɓa. Kafin a ɗaure, a tura mariƙin ya manne da bangon tsagar don kada ya sami wurin motsi.

A M-LOK akwai noti mai siffar harafin T a ƙarshen kowane sukuru. Ana daidaita shi da tsawon ramin, a bar tazara tsakaninsa da gindin mariƙi wadda ta ɗan fi kaurin bangon murfi, a tura ya shige. Da an fara murɗa sukuru, notin zai juya ya gitta ramin ya tsaya, daga nan ne ɗauri ke kamawa. Kuskuren da aka fi yi shi ne tazarar ta yi kaɗan, notin ya kasa juyawa, mutum ya ji sukuru ya yi tauri ya zaci ya kama. A haska tocila ta ramin gefe a ga notin a gicciye da ido. Magpul ya ba da ma'aunin ɗauri: inci-fam 35 idan ƙarfe ne a kan murfin ƙarfe, inci-fam 15 idan ɗayansu roba ne. Wuce haka na iya fasa roba ko cinye zaren sukuru, shi ya sa sukudireba mai auna ƙarfin ɗauri ya cancanci kuɗinsa. Idan sukurun bai zo da maganin hana kwancewa a jikinsa ba, ɗigo ɗaya na Loctite shuɗi ya isa. Loctite ja kam a bar shi, sai da wuta yake kwancewa.

Abu na ƙarshe da ake mantawa: tsinin sukuru kada ya taɓa bututu ko mahaɗar gas da ke cikin murfin. An ƙera da yawa daga cikin irin waɗannan murafe ne don bututu ya tsaya shi kaɗai ba abin da ke taɓa shi, kuma sukurun da ya tokare shi zai sauya inda harsashi ke faɗawa. Bayan zuwa filin harbi na farko a sake duba ɗaurin.

Doka fa?

A dokar tarayyar Amurka, ɗaura mariƙin gaba a kan doguwar bindiga mai bututun inci 16 ko fiye ba laifi ba ne. Matsala tana tasowa a makamin da doka ta lissafa a matsayin bindigar hannu, ko da ƙirar AR gare shi. Hukumar ATF, mai kula da dokokin makamai na tarayyar Amurka, ta ce sa masa mariƙin tsaye yana mayar da shi wani rukuni da ke ƙarƙashin dokar makamai ta 1934, wanda dole a yi masa rajista tun kafin a ɗaura, kuma saɓa wa hakan babban laifi ne. Jihohi ma suna da nasu. Kalifoniya ta sa mariƙin gaba cikin siffofin da ke mayar da bindiga mai ɗura wa kanta harsashi bayan kowane harbi haramtacciya, Niyok ma ta yi haka a dokar SAFE ta 2013. Don haka abin da ya halatta a Tekzas na iya kai mutum kotu a wata jihar.

A Najeriya lamarin ya sha bamban tun daga tushe. Dokar Makamai ta 1959 ta sa bindigogin soja cikin makaman da aka haramta wa kowa sai da lasisin shugaban ƙasa, bindigogin farauta kuwa sai da lasisin Sufeto Janar na 'yan sanda. Soja ko ɗan sandan da ke riƙe da bindigar gwamnati kuma, ƙara mata wani abu lamari ne da ke bi ta hannun mai kula da ma'ajiyar makamai ta rundunarsa.