Tsarin Sa Ido Kan Takardun Magunguna Masu Sa Maye a Amurka

Tsarin sa ido kan takardun magani, wanda Amurkawa ke taƙaita sunansa da PDMP, rumbun bayanai ne na kwamfuta da gwamnatin jiha ke riƙe da shi, inda ake shigar da duk wani magani mai haɗarin jawo jaraba da kantin magani ya ba mara lafiya bisa takardar likita. Kowace jiha da nata, da dokarta, da hukumar da ke kula da shi: a wasu jihohin ma'aikatar lafiya ce, a wasu hukumar masu harhaɗa magunguna, a Kalifoniya kuwa yana hannun ma'aikatar shari'a.

Yadda yake aiki

Dokar tarayya ta 1970 ta kasa ƙwayoyin da ake tsaurara wa doka gida biyar. Rukuni na ɗaya, inda hiroyin take, ba a rubuta shi a takardar asibiti. Daga na biyu zuwa na biyar ne likita ke iya rubutawa, kuma a nan ake samun mofin, oksikodon, fentanil, kodin, taramadol da magungunan barci da na kwantar da hankali. Duk sa'ad da kanti ya ba da ɗaya daga cikin waɗanda jihar ta lissafa, sai ya aika sunan mara lafiya, ranar haihuwarsa, sunan likitan, irin maganin, ƙarfinsa, adadinsa da kwanakin da zai yi. Yawancin jihohi sun ba kantuna wa'adin kwana guda. Likita na biyu da mutumin ya je wurinsa yana iya buɗe rumbun ya ga abin da na farko ya rubuta. Da haka ake gane mai yawo daga likita zuwa likita da kukan ciwon baya iri ɗaya, da kuma likitan da alƙalaminsa ya zama hanyar kasuwanci.

Tarihi

Kalifoniya ce ke da tsari mafi daɗewa da bai taɓa yankewa ba, tun 1939. A lokacin takarda ce mai kwafi uku da jiha ke bugawa da lamba: likita ya ajiye ɗaya, kanti ɗaya, ta ukun ta tafi ofishin gwamnati. Hawai ta bi sahu a 1943. Oklahoma ce ta fara tattara bayanan ta kwamfuta a 1990.

Waccan takarda mai kwafi uku, duk da wahalar cike ta, ta yi wani aiki da sai daga baya aka gane girmansa. Lokacin da kamfanin Purdue Pharma ya fito da OxyContin, ƙwayar oksikodon mai kashe raɗaɗi da ke rukuni na biyu, kasuwa a 1996, jihohi biyar na amfani da ita: Kalifoniya, Idaho, Ilinoi, New York da Teksas. Takardun cikin gida na kamfanin, waɗanda shari'o'i suka fito da su fili, sun nuna ya san likitocin waɗannan jihohi na ɗari-ɗari da rubuta ƙwaya ta rukuni na biyu, don sun san akwai idon hukuma a kan kwafi na uku. Masana tattalin arziki da suka bi sawun lamarin sun gano cewa OxyContin bai yaɗu a jihohin nan biyar kamar sauran ba, kuma mace-macen shan ƙwaya fiye da kima bai hauhawa a cikinsu da irin saurin da ya yi a wasu wurare ba.

Annobar magungunan kashe raɗaɗi ce ta sa tsarin ya game ƙasa. Kentaki ta buɗe nata, mai suna KASPER, a 1999, kuma ɗan majalisarta Harold Rogers ne aka sa sunansa a kan tallafin tarayya da aka fara a 2002 don jihohi su kafa irinsa. Fulorida, wadda ta yi ƙaurin suna da ɗakunan shan magani na jeka-na-yi-ka da mutane ke zuwa daga wasu jihohi suna layi a ƙofarsu, ta fara nata a 2011. Mizuri ce ta zama ta ƙarshe. Sai a 2021 gwamnanta ya sa hannu a dokar, bayan shekaru ana kayar da ita a majalisa kan batun sirrin mara lafiya.

Da farko duba rumbun ganin dama ne, kuma likitoci da yawa ko rajista ba su yi ba. Kentaki ta wajabta dubawa a 2012, New York a 2013. Bincike ya fi nuna tasiri a jihohin da suka tilasta.

Abin da ya hana da abin da bai hana ba

A 2012 kantunan Amurka sun ba da magungunan dangin ofiyom bisa takardu kusan miliyan 255, wato takarda 81 ga kowane mutum 100. Zuwa 2020 adadin ya sauko kusa da takarda 43 ga kowane mutum 100. Ba rumbun kaɗai ya jawo hakan ba. Akwai ƙa'idojin rubuta magani da CDC, hukumar daƙile cututtuka ta Amurka, ta fitar a 2016, da kama likitoci, da ƙararrakin da aka shigar kan kamfanoni. Sai dai mutuwa ba ta bi takardun ta sauka ba. A 2021 fiye da mutum 100,000 suka mutu sanadin shan ƙwaya fiye da kima, akasarinsu da fentanil na bayan fage. Da yawa daga waɗanda jaraba ta riga ta kama, da aka rufe musu ƙofar kanti, sai suka koma wajen dillalan titi, inda ba awo ba takarda. Rumbun yana ganin abin da ya bi ta kanti ne kawai, shi ya sa ba zai tsinana komai ba a inda ake tallar taramadol a kasuwa da tashar mota.

Sirri da masu ciwo na gaskiya

Tun 1977 Kotun Ƙoli, a shari'ar Whalen da Roe, ta yanke cewa New York na da ikon ajiye sunayen waɗanda aka rubuta wa ƙwayoyin rukuni na biyu. Gardamar da ta rage ita ce wa zai leƙa. Wasu jihohi sun ce ɗan sanda sai da izinin alƙali, hukumar tarayya mai yaƙi da miyagun ƙwayoyi, DEA, kuwa ta dage cewa takardar umarninta ta isa. Jihar Oregon ta kai ta kotu kan haka, ta yi nasara a 2014, kotun ɗaukaka ƙara ta soke hukuncin a 2017.

Jihohi da dama yanzu sun haɗa rumbun da manhajar NarxCare ta wani kamfani mai zaman kansa, wadda ke ba mara lafiya maki mai lamba uku na haɗarin da take hasashe. Kamfanin bai bayyana cikakken lissafin ba, kuma mai cutar daji ko sikila, wanda dole ya ga likitoci barkatai, yana iya samun maki mai yawa ba da laifin komai ba. An samu likitocin da tsoron bincike ya sa suka yanke wa tsofaffin majinyatansu magani rana tsaka. A 2019 hukumar kula da abinci da magunguna, FDA, ta yi gargaɗi kan irin wannan yankewa, a 2022 kuma CDC ta sake ƙa'idojinta, tana cewa kada a kori mara lafiya daga kulawa saboda abin da aka gani a rumbun.