Waiwaye: Daga Takardar Haraji Zuwa Rajistar Tallafi a Birnin Kano

Tun daga ranar 29 ga Mayu 2023, ranar da aka sanar da janye tallafin man fetur, da wuya mako ya ƙare a Kano ba a tayar da zancen rabon tallafi ba, ko a shirye-shiryen rediyo na kiran waya, ko a majalisun ƙofar gida bayan sallar isha'i, ko a Facebook. A watan Oktoba na wannan shekarar aka sanar da shirin bai wa gidaje miliyan 15 a faɗin ƙasa naira 25,000 kowane wata har wata uku. A watan Fabrairun 2024 mata masu gurasa suka fito titi saboda tsadar fulawa, kafin tsakiyar shekarar kuma hauhawar farashin abinci ta haura kashi 40 cikin 100 bisa alƙaluman hukumar ƙididdiga ta ƙasa. Sai dai wanda ya saurari koken jama'a da kunnen basira zai lura cewa ƙanƙantar kuɗin da ƙarancin shinkafar da ake rabawa suna zuwa ne a baya. Abin da ya fi maimaituwa a bakin magidanta da zawarawa kalmomi huɗu ne: "Sunana bai fito ba." Da yawa suna ɗauka cewa wannan rikici na suna ya zo ne tare da tsadar rayuwar shekarun nan, alhali ya girme ta da shekaru fiye da arba'in.

Kafin zuwan Turawa a 1903, taimakon mabuƙaci a Kano yana bin hanyoyin da kowa ya sani, wato zakka da sadaka, ciyayya tsakanin maƙwabta, da gudummawar dangi, masu lalura kuma suna da shugabanninsu irin su Sarkin Makafi, waɗanda suka san mutanensu ɗaya bayan ɗaya. Irin wannan tsari yana iya tallafe mutum guda idan ya faɗi, amma ba ya iya riƙe gari idan damina ta gaza, kamar yadda aka gani a yunwar Kakalaba ta 1914, da ta 1927 wadda aka laƙaba wa 'Yar Buhu, da farin 1973 wanda ya koro jama'a daga karkara da ƙasar Nijar zuwa cikin birni. A waɗannan lokuta samun hatsin shi ne babban aiki. Gano gidan da ba a ɗora tukunya ba bai yi wuya ba.

Wani ɓangare na wannan sani ya samo asali ne daga abin da talaka ya fi ƙi a zamanin, wato haraji. A ƙarƙashin mulkin En'e, wato hukumar gargajiya da Turawa suka yi mulki ta hannunta, kowace shekara sai an yi ƙidayar masu biya. Malamin haraji yana bin unguwa gida-gida da littafinsa, mai unguwa yana tare da shi, ana rubuta sunan kowane namiji baligi, a ƙara yaron da ya tasa, a cire wanda ya rasu ko ya yi ƙaura, sannan lissafin ya hau daga mai unguwa zuwa na gaba da shi har ya isa baitulmali. Wanda ya biya ana ba shi takarda, kuma wannan takarda ita ce shaidarsa idan tafiya ta kama shi, tun ba a san katin ɗan ƙasa ba. Akwai kuma waɗanda ake ɗauke wa biya, kamar tsohon da ƙarfinsa ya ƙare, da makaho, da kuturu, da mai doguwar jinya, kuma kafin a ɗauke wa mutum sai wanda ya san halin da yake ciki ya shaida. Ba don jin ƙai aka tsara wannan littafi ba, don karɓa aka tsara shi. Duk da haka, a cikinsa ne hukuma ta fara rarrabe mai hali da marar hali da sunansu da unguwarsu, tana kuma sabunta rarrabewar duk shekara.

Nauyin harajin ba abin musu ba ne. Da tsabar kuɗi ake biyansa, kuma lokacin karɓarsa yana zuwa ne da kaka, sa'ad da hatsi ya fi araha, don haka manomi yakan sayar da abincin da zai ci a bazara, wani ya sayar da akuyar matarsa, wani ya bar gari gaba ɗaya. Yaƙi da haraji da jangali, wato harajin shanu, yana cikin manyan abubuwan da jam'iyyar NEPU ta tsaya a kai tun kafa ta a Kano a 1950. Garambawul ɗin ƙananan hukumomi na 1976 ya rufe babin En'e, ya mayar da harkar mulki da kuɗi hannun sababbin majalisu, a watan Oktoban 1979 kuma gwamnatin farar hula ta jihar Kano ta soke haraji da jangali. Talakawa sun yi murna, kuma suna da hujjar yin murna. Ba na jin akwai mai hankalin da zai so a koma gidan jiya.

Abin da ba a cika faɗa ba shi ne, ranar da aka daina karɓa, ranar aka daina zagayen. Mai unguwa yana nan da rawaninsa, yana sasanta maƙwabta, yana shaida cinikin gida, yana sa hannu a takardar ɗan asalin gari, amma babu sauran wata larura da ke tilasta a shiga kowane zaure sau ɗaya a shekara a tambayi su wane ne ke kwana a ciki. Sanin da ke cikin littafi ya koma cikin kai, sanin da ke cikin kai kuwa yana tsufa tare da mai shi. Ba wanda ya ji zafin wannan rashi a lokacin, domin ƙasa na cikin kuɗin mai, masana'antun Bompai da Sharada da Challawa suna ɗaukar ma'aikata, kuma ba a taɓa kallon littafin haraji a matsayin abin da zai amfani talaka ba, balle a yi tunanin a maye gurbinsa da wani. Kuɗaɗen da aka riƙa ɗora wa jama'a daga baya da sunaye daban-daban ba su sake kafuwa irin kafuwar tsohon tsarin ba.

Wannan yankewa ta zo daidai da lokacin da birnin ya fi buƙatar a san shi. A ƙidayar 1952 mutanen Kano kimanin 130,000 ne. A ƙidayar 2006, ƙananan hukumomi takwas na birni da kewaye, wato Birni, Dala, Fagge, Gwale, Nassarawa, Tarauni, Kumbotso da Ungogo, sun haura mutum miliyan 2.8. Mafi yawan wannan ƙari bai zauna a cikin ganuwa ba, inda kakan kowa ya san kakan kowa. Ya bazu ne a Kurna da Rijiyar Lemo da Bachirawa, a Dorayi da Ja'en, a Sheka da Rimin Kebe, a gonakin da aka yanka da awon igiya, inda lungu ba shi da suna, gida ba shi da lamba, kuma zaure guda yana iya ɓoye ɗakunan haya goma, kowanne da tukunyarsa da ƙauyen da ya fito. Ɗan haya yana iya shekara uku a unguwa mai unguwa bai taɓa ganin fuskarsa ba, ya tashi kuma ba wanda ya sani. Ƙidayar ƙasa ba ta cike wannan gurbi ba: an soke sakamakon ta 1973, an yi a 1991, an sake yi a 2006, kuma ko da an yi ta a kan lokaci, adadin kawuna take fitarwa, ba ta fitar da jerin sunayen da za a bi a kai wa mutum kwanon masara.

A nan ya dace a faɗi wani aibi na tsohon littafin, kada ɗoki ya sa a ƙawata shi. Maza yake ƙirgawa. Matar da mijinta ya rasu ya bar ta da marayu, da wadda mijinta ya sake ta, ta koma ɗakin uwarta da goyo, ba su da layi a cikinsa, alhali a yau su ne kan gaba a cikin masu neman tallafi. Ke nan ko da littafin ya rayu, da sai an sake masa gini.

Abin da ya biyo baya sananne ne. A 1984 aka yi ta bin layin shinkafa da madara da sukari da sabulu. A 1986 aka shiga shirin tsuke bakin aljihu na SAP, darajar naira ta faɗi, masana'antu suka riƙa rufewa ɗaya bayan ɗaya a shekarun da suka biyo, a asibiti kuma aka saba da a rubuta wa majinyaci magani ya fita ya sayo. Shirye-shiryen rage talauci sun yi ta zuwa, Better Life a 1987, NAPEP a 2001, SURE-P a 2012, a jiha kuma aka kafa Hukumar Zakka da Hubusi a 2003, ga cibiyoyin ciyarwa na watan azumi. Kowanne ya iske fili babu jerin sunaye, dole ya haɗa nasa cikin gaggawa. Jerin da aka haɗa cikin gaggawa kuwa, ko waliyyi ne ya haɗa shi, waɗanda ke kusa zai fara gani, shi ya sa jama'a ba sa rabuwa da karin maganar nan ta mai uwa a gindin murhu, ko a inda aka yi rabon tsakani da Allah.

Yunƙuri mafi girma na sake gina littafin ya zo ne a 2016, da aka fara haɗa rajistar ƙasa ta gidajen masu ƙaramin ƙarfi tare da tallafin Bankin Duniya, aka kuma soma biyan naira 5,000 a wata, galibi a hannun matar da ke kula da gida. Mutane da yawa har yau ba su san cewa ba a shiga wannan rajista ta hanyar kai takardar neman taimako ofis ba. Tsarinta shi ne a zaɓi yanki, a tara jama'arsa, maza daban, mata daban, matasa daban, su faɗi abin da suke kira talauci a wurinsu, su ambaci gidajen da suka fi shiga ciki, sannan ma'aikata su bi gidajen su ɗauki bayani. Dabara ce mai kyau a ƙauyen da kowa ya san rumbun kowa. A unguwar 'yan haya kuwa tana tambayar jama'a sanin da ba su da shi, kuma da yake an fara ne da yankunan da suka fi talauci, mafi yawansu a karkara, talakan birni ya zo a sahun baya.

Kullen korona ne ya fito da wannan giɓi fili. A watan Afrilun 2020 aka rufe Kano, azumi ya kama a cikin kulle, mai Adaidaita Sahu da ɗan dako da mai wankin hula da mai tallan goro, waɗanda sai sun fita suke ci, suka wayi gari a zaune. Irin waɗannan mutane ba lallai a kira su matalauta ranar da kasuwa ke ci ba, amma kwana uku ba fita ya isa ya kashe murhunsu, kuma babu littafin da ya san da su. A watan Janairun 2021 aka ƙaddamar da wata rajistar gaggawa ta talakawan birane, wadda ta dogara da saƙon waya. Daga nan nauyin ya ƙarasa juyawa. A da hukuma ce ke zuwa ƙofar mutum ta same shi. Yanzu shi ne zai tabbatar da cewa yana raye, da lambar NIN, da layin waya mai ɗauke da sunansa, da asusun banki mai BVN, kuma harafi guda da ya bambanta tsakanin Muhammad da Mohammed yana iya tsayar da biya. Tsohuwar da ke amfani da wayar jikanta, da matar da layinta ke da sunan mijin da ya sake ta, suna faɗuwa a wannan mataki tun kafin a duba ko sun cancanta. A cikin wannan ruɗani ne 'yan damfara suka sami kasuwa, suna yaɗa fom na bogi a WhatsApp, suna karɓar lambobin mutane da 'yan kuɗin rajista.

Ɓangaren lafiya ma a kan wannan dutse yake tuntuɓe. Dokar lafiya ta ƙasa ta 2014 ta ware aƙalla kashi 1 cikin 100 na kuɗin shigar gwamnatin tarayya domin kula da lafiya a matakin farko, an fara sa kuɗin a kasafi a 2018, jihar Kano ta kafa hukumar taimakekeniyar lafiya da dokar 2016, dokar inshorar lafiya ta 2022 kuma ta tanadi asusu na musamman domin masu rauni. Manufar ita ce mai juna biyu, da yaro ɗan ƙasa da shekara biyar, da tsoho, da mai lalura ta musamman, da wanda ba shi da hali, su sami kulawa a asibitin mazaɓarsu ba tare da biya ba, a jihar da ke da mazaɓu 484. Gurbin da ake da shi bai kai yawan mabuƙata ba, don haka dole a zaɓa, zaɓen kuma yana komawa ga jerin sunaye. Wanda sunansa bai shiga ba yakan gane hakan ne a mafi munin lokaci, a bakin tagar biyan kuɗi, da takardar gwaji a hannu da yaro mai zazzaɓi a kafaɗa, daga nan sai neman taimako a masallaci bayan sallah ko cigiyar masu hali a rediyo.

Akwai kuma wanda ko layin ba zai zo ba. Tarbiyyar Bakano ta ɗauki rufin asiri da muhimmanci, kuma akwai dattijon da zai kwana biyu bai ci ba amma ya fito da wankakkiyar riga don kada maƙwabci ya gane. Tsarin da ke jiran mutum ya gabatar da kansa a gaban taro a matsayin matalauci ba zai taɓa ganin irinsa ba, zagayen gida-gida ne kaɗai ke iya kaiwa gare shi. Halin gida kuma ba ya tsayawa wuri guda: maigida yana rasuwa, shago yana ƙonewa, ɗa yana samun aiki, iyali suna tashi daga Fagge su koma Gaida saboda kuɗin haya, rajistar da aka ɗauka shekara biyar da suka wuce tana ci gaba da nuna su a inda suka baro. Yaron da aka haifa a Kurna a shekarar da aka yi ƙidaya ta ƙarshe, 2006, ya riga ya wuce shekarun da malamin haraji zai zo zaurensu ya rubuta sunansa.