Waiwaye: Yadda Kotun Ƙolin Indiya ta yi ta kai-kawo kan ma'aikatan wucin gadi

A Indiya, duk ma'aikacin wucin gadi da ya kai gwamnati ƙara yana neman a tabbatar masa da aiki, sunan da lauyan gwamnati zai fara jefo masa shi ne Umadevi, wato hukuncin Kotun Ƙoli na 10 ga Afrilu 2006.

Kafin nan kotunan ƙasar sun fi tausaya wa ma'aikaci. A shari'ar Piara Singh ta 1992 kotun ta ce idan mutum ya daɗe yana aikin wucin gadi, alama ce akwai buƙatar gurbin, don haka a duba yiwuwar tabbatar da shi. Sai hanyar ta zama kasuwa: jami'i ya ɗauki ɗan uwansa a kan kuɗin yini, babu talla babu jarrabawa, bayan 'yan shekaru kotu ta mayar da shi cikakken ma'aikaci, masu takardu da ke jiran a tallata gurbi kuwa ko oho.

Wannan ne alƙalai biyar suka taka wa birki a shari'ar jihar Karnataka da Umadevi, wadda ta samo asali daga ma'aikatan kuɗin yini a sashen harajin kasuwanci na jihar. Suka ce sashe na 14 da na 16 na kundin tsarin mulki sun ba kowane ɗan ƙasa dama iri ɗaya wajen neman aikin gwamnati, kuma daɗewa a aiki ba ta halatta shiga ta bayan fage. Amma sun bar ƙofa guda a sakin layi na 53 na hukuncin: wanda yake da cancanta, aka ɗauke shi a gurbin da aka amince da shi, ya yi shekara 10 ba da kariyar umarnin kotu ba, a tabbatar da shi, sau ɗaya tak, a fara cikin wata 6.

Gwamnatoci suka riƙe rabin da ya yi musu daɗi. Tabbatarwar ta yi ta jan ƙafa, ɗaukar 'yan kwantiragi kuma ba ta tsaya ba. Jharkhand ce ta fi ban mamaki: a Nuwamba 2000 aka ƙirƙiro jihar, don haka babu wanda zai iya cika mata shekara 10 kafin 2006, kuma da wannan lissafin aka hana mutane. A 2018, a shari'ar Narendra Kumar Tiwari, kotun ta ƙi yarda da wannan fassarar. Tun a 2016 ma, a shari'ar Jagjit Singh, ta ce mai aikin wucin gadi da ke yin aiki iri ɗaya da na cikakken ma'aikaci ya cancanci mafi ƙarancin albashin wannan matakin.

A Disamba 2024 aka zo shari'ar Jaggo, ta wasu ƙananan ma'aikata, akasarinsu masu shara a Hukumar Ruwa ta Tarayya, waɗanda aka sallama a 2018 bayan sun nemi a tabbatar da su. Kotun ta ce hukumomi na fakewa da Umadevi suna ci da gumin mutanen da suka daɗe suna hidima. Ba a soke hukuncin 2006 ba, domin alƙalai biyu ne suka yanke shari'ar Jaggo, kuma ba sa iya rushe hukuncin alƙalai biyar. An dai mayar da waɗanda aka sallama bakin aiki a matsayin cikakkun ma'aikata, ba tare da albashin lokacin da suka zauna a gida ba, amma za a lissafa musu lokacin cikin haƙƙoƙinsu na ritaya.