Waiwaye: Yadda furodusa mai zuba kuɗinsa ya ɓace daga finafinan Italiya

Muhawarar da ake yi a Italiya kan tallafin da gwamnati ke bai wa masu shirya fim ta ƙi ci ta ƙi cinyewa. Wasu na cewa ana zuba dukiyar al'umma a finafinan da ba mai kallo, wasu kuma na cewa in an janye tallafin, sana'ar ce za ta mutu. Sai dai kafin a yanke hukunci, ya kamata a tambaya: ina furodusoshin da a da suke ɗaukar kasada da kuɗinsu suka shiga?

Tarihin furodusa Dino De Laurentiis ya amsa rabin tambayar. An haife shi a 1919 a Torre Annunziata, kusa da Napoli, mahaifinsa mai sana'ar taliya ne. Fim ɗin Riso amaro na 1949 ya fito da shi, sannan ya haɗa gwiwa da furodusa Carlo Ponti suka shirya La strada na darakta Federico Fellini a 1954, wanda ya ci Oscar. A 1955 an sayar da tikitin sinima sama da miliyan 800 a ƙasar. Kowa ya san wannan zamani, kuma kowa ya san abin da ake ɗora wa laifin rushewarsa: tashoshin talabijin masu zaman kansu da suka bazu bayan 1976.

A ganina rauni ya riga talabijin shiga. Bayan yaƙin duniya na biyu, ribar da finafinan Amurka ke samu a Italiya ba a barin a fitar da ita duka waje, don haka aka riƙa kashe ta a cikin ƙasar. Da ita aka ɗauki Quo Vadis da Ben-Hur a Cinecittà, babban filin ɗaukar fim na Roma. Dubban kafintoci da teloli da masu haske suka samu aiki, furodusoshin gida kuma suka saba da lissafi ɗaya: a shirya katafaren fim da taurarin waje, kuɗin rarrabawa a kasuwar Amurka ya biya rabin ɗawainiya tun kafin a kunna kyamara. Lissafin ya yi kyau, amma ginin an ɗora shi ne a kan filin aro.

Alama ta fara bayyana a 1963. Titanus, ɗaya daga cikin tsofaffin kamfanonin fim na ƙasar, ya kashe maƙudan kuɗi a Sodom and Gomorrah da Il Gattopardo. Na biyun ya lashe babbar lambar bikin finafinai na Cannes, amma bai hana bashi tilasta wa kamfanin dakatar da shirya finafinai ba. Abin tausayi, fim ne da har yau ake koyarwa a makarantu. A daidai wannan lokaci De Laurentiis yana gina nasa filin ɗaukar fim a kudancin Roma, wanda aka yi wa laƙabi da Dinocittà, don manyan ayyuka irin su The Bible da Barbarella. Da kamfanonin Hollywood suka tafka asara a ƙarshen shekarun 1960 suka rage kashe kuɗi a ƙetare, filin ya rasa abin da zai cika shi. Fim ɗin Waterloo da De Laurentiis ya shirya a 1970 bai mayar da kuɗinsa ba.

A farkon shekarun 1970 De Laurentiis ya tattara ya koma Amurka, inda ya shirya Serpico da King Kong, ya rasu a can a 2010. Waɗanda suka rage a gida ba su da wata hanyar kai fim kasuwannin waje da ƙarfin kansu. Shi ya sa da masu kallo suka fara ƙaurace wa sinima, ba su da madogara sai sayar wa tashoshin talabijin fim tun yana takarda, da kuma neman tallafin gwamnati. Shi kuwa filin Dinocittà, a 2014 aka buɗe wurin shaƙatawa da wasannin yara a kansa, mai suna Cinecittà World.